Taya Ɗaya, Tukunya Huɗu

Jama'a, a gyara zama, masu hula a daidaita ta. Ga Babban Injiniyan Kekunan Guragu na ƙasa da kewaye, Ministan Tayoyi, Shugaban Hukumar Noti da Sifana, mutumin da bai taɓa leƙa cikin jirgin ruwa ba, amma duk tarin da dala ta yi a bayan teku shi yake tashi da mura. Ofishinsa rumfar kwano ce mai taku huɗu, bayan tashar mota, jikin mai faci. Kujerar mulkinsa tsohon batirin mota. Injiniya kowa yake ce masa, har matarsa in ta so tsokana.

Shekara ashirin da shida yana abu ɗaya. Akwai wani attajiri da ake kira Mai Kwantena, shi yake shigo da kekunan guragu daga ƙasar waje. Duk kwantenar da ta iso sai an samu waɗanda hanya ta ci: wani ya lanƙwashe, wani na sama ya danne shi, wani ya zo ba birki. Waɗannan ake jibgewa a bayan sito, Injiniya ya saye su da arha, ya haɗa uku ya fitar da ɗaya. Talakan da aka faɗa wa kuɗin sabo ya dafe ƙirji, rumfar Injiniya yake nufa. Mutum nawa ya ɗaga daga ƙasa, shi kansa bai sani ba. Aka shigo da su a goye, suka fita suna tura kansu suna dariya.

Da, sabon keke kuɗin akuya ne. Ya koma kuɗin rago. Yanzu sai ka sayar da maraƙi ka ƙara da rediyo. In ka tambayi Mai Kwantena, ya ce dala, ya ce kuɗin jirgi, ya ce kwastan. Ranar da dala ta sauka kuwa, sai ya ce wannan kayan tsohon saye ne. An koya wa farashi hawa, ba a koya masa sauka ba.

Ana cikin haka ciwon baya ya kwantar da Goggo, matar Injiniya. Ƙafafu suka daina jin magana. Mako uku kafin nan ya sayar da keken ƙarshe da ya haɗa, don shi ba ya ajiye keke a gida, wai kiran tsiya ne. Wata bakwai tana ɗaki, duniyarta ta zama taga ɗaya da igiyar shanya. Macen da ba ta yarda wani ya taɓa mata ludayi, ga shi tana jin surukarta tana ƙona albasa, ba ta da abin yi sai ihu ta bango.

"Injiniya," ta ce masa wata safiya, "duk garin nan ka ɗora su a keke. Ni ce ka bari ta ƙarshe don ka fi so na?"

"Saura taya ɗaya, maman yara."

"Tun watan jiya saura taya ɗaya. Ni ba yawo nake so ba. Ka kai ni kicin ɗina kawai."

Gaskiya ya faɗa. Jikin keken ya haɗu, ya ɗinka mazauni da tamfol, tayar hagu na nan. Ta dama ce babu. Tayar keken hawa ba ta yi, don ita ta gefe biyu ake riƙe ta, ta guragu kuwa gefe ɗaya, ga zoben da ake turawa da hannu. Sai a jira kwantena.

Ranar da ya ji ta iso, tun kafin a buɗe shaguna yana bayan sito. Wurin da tarin yake wayam, an ma share.

"Ranka ya daɗe, ina karyayyun?"

"Ayya, Injiniya, ka makara," in ji Mai Kwantena, yana danna waya. "Masu fitar da alminiyam waje sun kwashe. Kilo-kilo suke saye, kuma da dala. Kai ka zaɓa ka bar mini shara, su ba sa zaɓe."

"Shekara ashirin da shida, ranka ya daɗe."

"Allah ya ƙaro wasu. Ga sabbi nan a ciki in kana so."

Ya bi sawun motar da ta kwashe su har filin da ake awon ƙarafa. Nan ya tarar da ƙarti biyu da guduma suna daka kekuna don su kwanta sosai a kwantena. Jirgi ya kawo su, jirgi zai mayar da su, ba wanda ya zauna a kai ko na minti ɗaya. Can ƙasan tarin ya hango ta: tayar dama, zobenta lafiya lau, ko waya ɗaya ba ta tsinke ba.

Ya ciro kuɗi, mai sikeli ya girgiza kai.

"Baba, kuɗinka ba ya nauyi. An auna kayan nan, maigida nauyi yake dubawa. Ka kawo alminiyam kilo biyar, ka ɗauka."

"Tayar ba ta wuce kilo biyu."

"Sauran ladan tona tari ne. Kafin azahar, don masu guduma ba sa jiran kowa."

Rumfarsa ƙarfe ne zalla, ba ko gutsuren alminiyam. Yana tafe yana lissafin kilo, kuma mai lissafin kilo ba ya ganin komai sai kilo. Ya isa gida ya faɗa kicin, ya sauko da tukwanen alminiyam daga kanta. Uku ƙanana ba su cika ba. Ya tsaya yana kallon babbar, mai baƙin gindi, wadda mahaifiyar Goggo ta bar mata. Ya ɗaga ya ji nauyinta, ya zura a buhu.

"Wa ke taɓa mini kaya?" Muryarta ce daga ɗaki.

"Ni ne. Yanzu zan dawo."

Kilo biyar da ɗigo. Mai sikeli bai mayar masa da ɗigon ba.

Da la'asar aka ɗora Goggo. Ta ture hannun surukarta, ta kama zobe da kanta. Keken ya tafi sumul, ba ƙara, ba karkata, aikin Injiniya ne. Ba ta kalli rana ba, ba ta kalli maƙwabtan da suka cika ƙofa ba. Kicin ta nufa kai tsaye. A kan kanta akwai buta, da kasko, da da'ira huɗu inda ƙura ba ta sauka ba.

"Ina ta Inna?"

"Tana hanyar tashar jirgin ruwa."

Ta daɗe tana kallon babbar da'irar. Daga nan ta juya keken a wuri ɗaya, yadda gwanaye suke yi bayan shekara guda.

"Ya yi kyau, Injiniya," ta ce. Ta tura kanta ta koma ɗaki, ta turo ƙofa.

An sayo sabbin tukwane, masu siririn gindi, masu ƙona abinci kafin ka juya. Tana girki yanzu. Amma ta daina ce masa Injiniya, sai Malam, kamar baƙo.

Da mai wannan rubutu, ɗan ƙanwarsa, ya je rumfa ya karanto masa kirarin farkon nan, har ya ƙara masa muƙami. Ya ce, "Kawu, ai yanzu ka shiga sahun manya. Su suna shigo da kaya, kai kana fitarwa. Tukunyarka ta riga ka zuwa ƙasar waje!"

Injiniya bai ɗago ba, yana murza noti.

"Matsa, ka tare mini haske."