Baba Mai Makulli da Sunan da Aka Goge

Ƙarfe bakwai na safe, ko ruwa ake tsugawa, za ka tarar Baba Mai Makulli ya buɗe ɗakin kwamfuta na sashenmu a jami'a, yana bin teburan da tsumma ɗaya bayan ɗaya. Shekara ashirin da shida ke nan. Ni shara nake yi a wurin, karatuna bai yi nisa ba, amma akwai abin da na haddace daga bakinsa. Duk ɗalibin da ya kwaso layukan manhaja a intanet ya liƙa cikin aikinsa, sai ya ji Baba tsaye a bayansa.

"Ɗana, wannan kai ka rubuta?"

"Baba, ai kowa ɗauka yake yi."

"Ɗauki mana, wa ya hana ka? Amma sa sunan mai shi a sama, da inda ka samo. Shi ma bayansa ya yi ciwo kafin ya rubuta."

Bara aka kai wata ɗaliba gaban kwamiti, wai ta saci aikin wani. Za a kore ta, saura wata ɗaya ta gama. Alhali yarinyar nan ta sa sunan mai aikin. Malamin da ke duba aikinta ne ya ce ta goge, wai yana rage wa aikin kwarjini. Da magana ta tashi, ya ce shi bai san zancen ba. Waɗanda suka sani kuwa, kowa ya sunkuyar da kai.

Baba, kai ne ka tono tsohon kwafin aikinta a kwamfutar ɗakin, ga sunan, ga kwanan wata. Kai ne ka tsaya awa biyu a ƙofar kwamiti, ana ce maka nan ba wurin ƙananan ma'aikata ba ne, har suka gaji suka duba.

Yarinya ta karɓi digirinta. Malamin yana nan daram a ofishinsa. Baba kuwa takardar gargaɗi ya samu, wai ya tsoma baki inda ba huruminsa ba. Ƙarshen watan nan zai ajiye aiki, ban ji ko mutum ɗaya yana zancen yi masa bankwana ba. Wallahi abin yana ci mini rai.

Mun gode, Baba, dattijon da ba ya cin gumin wani. Ɗalibai, ku riƙe abin da ya koya muku. Manya kuma, ku ji kunya.

Jiya malamin nan ya leƙo, ko sallama babu, wai injin buga takardunsa ya tsaya. Baba ya tashi, ya bi shi, ya zaro takardar da ta maƙale. Malamin yana waya, bai ko ɗago kai ba.