Ɗigo Ɗaya a Bisa Fa

A shekarata ta uku a jami'a, a Bron, ba na iya zama wuri ɗaya. In na shiga tram zuwa tsakiyar Lyon, sai in ji kamar in sauka tun ba a kai ba. Littattafan soyayyar da na taso da su a Damagaram sun sa mini rai cewa wani abu yana jirana a kwana ta gaba.

Abin da na tarar wata Madam ce mai furfura, mai koyar da tarihin kimiyya. Tana neman ɗalibi guda da za ta riƙe a shekara mai zuwa, wanda zai iya karanta tsofaffin jadawalin taurari na Larabci. Ta ce mutanen zamanin da sun jera taurari layi-layi: wannan yana burji kaza, wato sashe kaza na hanyar rana, daraja kaza, haskensa na ɗaya ne ko na shida. Daga Girkanci aka juya aikin zuwa Larabci, masana suna gado daga na gabansu, suna ƙara ƴan darajoji saboda sama tana gusawa a hankali. Lambobin kuwa da haruffa ake rubuta su. Na ɗaga hannu tun ba ta rufe baki ba, domin kakana ya koya mini abajada a kan allo: alif ɗaya, ba biyu, jim uku.

Ta ba ni gwaji. Shafi huɗu ne na wani littafin hannu da ke babban ɗakin karatu na Paris, in mayar da haruffan lambobi, in kawo mata ran Litinin. In ya yi, wurin nawa ne. In bai yi ba, akwai wani ɗalibi yana jira.

A cikin jirgin ƙasa zuwa Paris na gama tsara yadda wani saurayi zai ɗago kai daga littafinsa, idonmu ya haɗu. Wanda na samu kusa da ni tsoho ne mai mura. A ɗakin karatun na tarar shafukan na rukunin taurarin da ake kira Maciji ne, waɗanda suke nannaɗe can arewa. Da farko komai ya tafi daidai, sai na fara samun ɗari da ɗaya, ɗari da uku. Madam ta gaya mana ba tauraron da ke nisantar hanyar rana fiye da daraja casa'in, nan ne iyaka. Nawa sun tsallake iyaka. Na sake lissafi sau uku, na fita na zagaya farfajiya, na dawo, suna nan a waje.

Sai zuciyata ta saƙa mini labari. Mai kwafin littafin nan soyayya yake yi, yarinyar da yake so ta gifta ta taga, alƙalami ya zame. Har fuskarsa na gani. Kafin in yi tunani na tura wa Madam saƙo cewa na gano kuskuren da ya shekara ɗaruruwa ba wanda ya lura. Amsarta gajera ce: sai Litinin.

Ran Asabar na je unguwar Barbès a nan Paris gaida Kawu, ƙanen mahaifiyata, mai shagon gyaran salula kusa da gadar metro. Shi ma a gaban kakan nawa ya yi karatu. Muka gaisa, ya tambayi gida da karatu da sanyi, ni kuwa ina ta kai da kawowa tsakanin kanta da ƙofa.

"Ɗiyata, zauna. Kina kore mini masu ciniki."

"Kawu, taurarina sun fita daga sama."

"To, ki kai cigiya wurin ƴan sanda."

Na miƙa masa hotunan shafukan a salula. Ya ɗora tabarau, ya duba harafin da na nuna, mai ɗigo ɗaya a bisa.

"Ƙaf ne, ɗari. Me ya dame ki?"

Na ji sanyi a raina. Amma Kawu ba ya barin rubutu sai ya karanta shi da ƙarfi. Ya koma kan bayanin da ke gefen lambobin, ya ja murya, sai ya tsaya.

"Ƙam? Mene ne kuma ƙam?"

"Fam ne, Kawu. Baki. Tauraron da ke bakin macijin."

"A nan fa ce, a can ƙaf? Ke, harafi ɗaya ne!" Ya yi dariya har da tari. "Rubutun gabas ne wannan. Mu ɗigon fa a ƙasa muke sa shi, ƙaf mu ba shi ɗaya a bisa. Su fa ɗinsu ke da ɗaya a bisa. Tamanin ne, ba ɗari ba. Kin ƙara wa bayin Allah ashirin-ashirin."

Na san da haka tun ina makaranta. A cikin kalma idona bai taɓa ruɗewa ba, amma da harafin ya tsaya shi kaɗai sai na koma gaban allon kakana. Tamanin da ɗaya, tamanin da uku. Jirgin metro ya wuce a bisanmu, shagon ya girgiza, ni kuwa saƙon da na tura kawai nake tunawa.

"Kawu, na ce wa Madam mai kwafin ne ya yi kuskure."

"Kin yi wa mamaci ƙazafi. Sai ki je ki wanke shi."

Ran Litinin na ajiye mata jadawalin da na gyara, na faɗi gaskiya a tsaye, ban da zancen yarinyar taga. Na fara neman ƙofa da ido. Sai ta miƙo mini alli.

"Rubuta mini fa da ƙaf irin na kakanki."

Na rubuta. Ta daɗe tana kallo, sannan ta ce tana da hotunan wani jadawali da aka kwafa a ƙasashen Magrib, can arewacin Afirka, tana son idon da ya saba da wannan hannu. In zo ran Alhamis.

A tram na zauna har ƙarshen layi, na wuce tashata da uku. Mai kwafin nan na wanke shi tas a gaban Madam. Amma yarinyar da ta gifta ta tagarsa, har yau ban yarda babu ita ba.