Zuma a Kaskon Kaza

Kwana arba'in da uku bayan rasuwar matata aka sa ranar zaman da za a raba mini 'ya'ya. Ba da wannan suna aka kira zaman ba. Addata, wadda nake bi, ita ta bugo waya ta ce, "Ranar Asabar za mu zo da Baffa da Hajiya, a duba maganar yaran nan." Amma ni a cikin dangin na tashi, na san yadda ake duba irin wannan magana. An riga an gama shirya komai tun a wajen zaman makoki, ni ne kawai ba a gaya wa ba. Babbar, mai shekara tara, Adda za ta tafi da ita Azare. Ƙaramar, mai shekara biyar, za ta koma cikin gari wurin Hajiya, surukata. Ni kuma in zauna a gidanmu na Gwallaga in yi ta kallon bango har a samo mini wata matar.

Hujjarsu guda ce, kuma abin da ya fi ƙona mini rai shi ne hujjar ba ƙarya ba ce. Wa zai dafa musu abinci? Cikin kwanakin makoki kwanuka sun yi ta shigowa daga maƙwabta, har muna rasa inda za mu ajiye. Da aka yi arba'in sai kwanukan suka fara ja baya, kuma ban ga laifin kowa ba, kowa da nasa gidan. Ni kuwa shayi na iya dafawa, sai ƙwai, shi ma wani lokaci a ƙone. Tun safe nake hawan keke zuwa wurin aikina a Gubi, in dawo bayan azahar. A idon dangi, namiji irina bai da abin da zai riƙe yara mata biyu da shi.

Abinci ɗaya ne na san yadda ake yinsa daga farko har ƙarshe, shi ma da ido na sani, ba da hannu ba. Wata kaza ce mai zaƙi da yaji da marigayiyar ke yi in ta dawo a makare. A barikin Shadawanka ta koyo ta, wurin wata matar soja da take kai wa zannuwan gado, ita kuma matar ta ce irin girkin 'yan China ne. Ba a tafasa kazar, ba a barinta da ƙashi. A yanka tsoka ƙanana, a soya a wuta mai ƙarfi, a haɗa da citta da tafarnuwa da attaruhu da wani baƙin ruwan waken soya na kwalba, sannan a zuba zuma. Kafin shinkafa ta tsotse an gama. Ni kuma al'adata ce in jawo kujerar tsuguno in zauna a ƙofar kicin ina ba ta labarin wurin aiki, tana aikinta tana ce mini, "Uhm, sai me ya ce?" Shekara da shekaru ina kallon hannunta ban san koyo nake yi ba.

Hajiya ba ta taɓa yarda da wannan girki ba. Duk ranar da ta zo ta tarar ana yi sai ta yamutsa fuska. "Zuma a nama? Ku dai 'yan zamani ba abin da ba za ku ci ba. Kazar da ba ta ga tafasa ba ai ɗanya ce." Duk da haka 'yarta takan zuba mata kaɗan a ƙaramin kwano, ta rufe, ta kai mata ɗaki. Ban taɓa tambayar abin da ke faruwa da kwanon ba.

Ranar Laraba na fara gwadawa. Na zuba zumar wuta na ci, ta yi baƙi ƙirin ta kama kasko, gidan ya cika da ƙauri. Mun ci burodi da shayi. Ranar Alhamis na sake, wannan karon gishiri ya yi mata katutu, ƙaramar ta tauna ɗaya ta tofar a hannuna ba ko kunya. Sai ga kwalbar baƙin ruwan nan ta ƙare, kwalbar da marigayiyar ta buɗe da hannunta. Na tsaya riƙe da ita na daɗe, sannan na sa ta a aljihu na nufi shagon wata mata 'yar kudu a bakin titi, inda na san take saye.

Madam na ganin kwalbar ta gane ni. "Oga, sannu da haƙuri. Matarka shi ne yake saya wannan kullum. Kai ne za ka dafa?" Na ce ni ne. Na zaci za ta yi dariya, na ma shirya amsar da zan ba ta. Sai ta ce, "To ka ji, kar ka sa gishiri. Wannan shi kansa gishiri ne." Da na koma gida babbar 'yata ta cike sauran. Tana tsaye jikin ƙofar kicin ta ce, "Baba, Mama sai ta rage wuta take zuba zuma." Ranar Juma'a abin ya ciwu, ko da yake bai kama ƙafar na uwarsu ba.

Asabar da hantsi suka iso. Baffa ƙanin mahaifina ne, shi ya rage mana a manya, ya zo da sandarsa da carbinsa. Hajiya ta shige ta zauna a gefen rumfa, ta ja mayafi ta juya mini rabin baya kamar yadda ta saba. Shekara goma sha ɗaya ina auren 'yarta, ko ruwa ba ta taɓa sha a gabana ba, ni ma ban taɓa ci a gabanta ba. Adda kuwa ta shigo da kula biyu manya, ta dire a tsakar gida tana cewa, "Na san ba abin da yaran nan suka sa a cikinsu tun safe." Wallahi da ta zage ni da ya fi mini sauƙi. Ba tuwo ta kawo ba, shaida ta kawo a kaina, a gaban surukata.

Na ce, "Adda, ajiye kulolinki gefe. Baƙo ba ya zuwa gidana da abincinsa."

Baffa ya yi gyaran murya ya fara da addu'a, ya gangaro kan haƙuri da ƙaddara, na ga ya kusa isa inda za shi. Sai na miƙe. Na ce, "Baffa, a gafarce ni, a ba ni minti ashirin. Yara ba su ci na rana ba." Na cire hula na rataye a ƙusa, na naɗe hannun riga, na shiga kicin. Kicin ɗinmu a tsakar gida yake, ƙofarsa na kallon rumfa, kowa na ganin abin da ake yi a ciki, kuma da gangan na bar ƙofar a wangale.

"Kai! A gaban surukarka?" in ji Baffa.

"Za ka ja mana magana a unguwa," in ji Adda. "Ɗan gidanmu da ludayi a hannu!"

Shinkafa tun ɗazu tana kan wuta. Kazar da sassafe na sa aka yanka aka fige a kasuwa, na zare tsokar na yayyanka kamar ɓarin goro, ƙashin na ajiye don romon yamma. Na barbaɗa mata garin masara mai laushi, na cuɗa da hannu. Mai ya yi zafi har yana hayaƙi, na zuba, ƙarar ta cika gidan.

Adda ta kasa zama. Ta zo ta tsaya a kaina, hannu a ƙugu. "Ba za ka tafasa ba? Ɗanya za ka ba su?"

"Adda, in za ta kashe wani, ni zan fara ci."

"Ina gishiri?"

"Babu."

"Innalillahi. Babu gishiri, babu tafasa, babu ƙashi."

Na kwashe naman da ya yi ja, na rage man, na watsa citta da tafarnuwa da attaruhu. Turirin attaruhun ya tashi ya nufi rumfa, sai ga Baffa yana tari yana fifita da hularsa, kuma ba zan ɓoye ba, na ji daɗin tarin nan. Na zuba tattasai da albasa, na tsiyaya baƙin ruwan, na matsa lemon tsami. Na rage wuta. Na ɗauko kwalbar zuma na zuba cokali uku a gaban idonta, a hankali, don ta ƙirga. Ta riƙe haɓa ta koma rumfa. Na mayar da naman ciki na juya har ya yi sheƙi, na watsa riɗi, na sauke.

A babban tire na zuba wa yaran, na shimfiɗa musu tabarma a tsakiyar mutane. Na zuba wa Baffa nasa, na zuba wa Adda. Na Hajiya na sa a ƙaramin kwanon nan na rufe, na ba babbar ta ajiye mata a gefe, don na san ba za ta taɓa ba. Yaran suka hau ci. Ƙaramar tana ci tana shan iska saboda yaji, hanci na zuba, amma hannunta bai bar tiren ba. Baffa ya ɗanɗana ya ce, "Wannan nama ne ko alewa?" Ya ƙara loma don ya tabbatar, ya sake ƙarawa, har gumi ya keto masa a goshi.

Adda ba ta ci ba. Ta ture farantin ta ce, "To mun gani, ka iya kaza. Gobe fa? Kullum kaza za su ci? Tuwo fa? Kitso fa? In babbar nan ta fara girma, kai za ka gaya mata abin da uwa ke gaya wa 'yarta?"

Gaskiya ta faɗa, shi ya sa ma raina ya tashi. Tun da aka haife ni ban taɓa ɗaga wa Adda murya ba, ita ta goye ni. Ranar na ɗaga. Na ce, "Ban iya tuwo ba, zan koya. Ban iya kitso ba. Akwai abubuwa da yawa da ban iya ba, Adda, kuma ban ce na iya ba. Amma yaran nan gado ɗaya suke kwana, ƙaramar ba ta barci sai ta riƙe rigar yayarta. Sun rasa uwa. Ba za su rasa uba su rasa juna cikin wata biyu ba, ina raye. Wanda zai taimake ni ya taimake ni a nan gidan. Ba na ba da ko ɗaya."

Na san duk ihun nan nawa bai da nauyin kalma ɗaya daga bakin Hajiya. Ita ce kakarsu ta wajen uwa, ta fi kowa haƙƙin riƙonsu, in ta ce a miƙo su ba malamin da zai goyi bayana. Tun da ta shigo ba ta ce uffan ba. Tsoro ya kama ni, irin wanda ban ji ba ko a asibiti lokacin jinyar matata.

Sai ta jawo ƙaramin kwanon ta buɗe. Ganin haka na yunƙura zan fita zaure, don ba a zama a kalli suruka tana ci. Ba tare da ta dube ni ba ta ce, "Zauna, baban yara." Na zauna. Ta ɗauki tsoka ɗaya da yatsu biyu ta kai baki, ta daɗe tana taunawa.

"Zumar ta yi yawa," in ji ta. "Nata bai kai haka zaƙi ba. Kuma ya fi wannan tsami."

Adda ta zaro ido. "Hajiya, ashe kina ci?"

"Duk wanda ta rufe mini a kwanon nan sai na cinye shi, in ta fita daga ɗakin." Ta sa bakin mayafi ta goge ido, ta ce attaruhun ne ya yi yawa shi ma. Ba wanda ya musa mata. Ta ci ta biyu, ta ci ta uku, sannan ta rufe kwanon ta ce, "A bar su a ɗakin uwarsu. Ranar Juma'a zan riƙa zuwa kitso. Kai kuma ka rage zuma."

Baffa ya shafa fatiha. Adda ta tafi tana fushi da ni, fushin da ya kai wata biyu, amma ta bar kulolinta, kuma tuwon nan mun ci shi da yamma, ya yi daɗi ƙwarai. Daga baya ita ta koya mini tuƙin tuwo ta waya, tana yi tana faɗa.

Yanzu na iya tuwo, na iya miyar kuka da ta kuɓewa, wake da shinkafa kuwa ko ido rufe. A unguwa an yi maganar da Adda ta ji tsoro, an yi ta an gaji. Hajiya tana zuwa duk Juma'a da mataji da man kitso a jaka, ni kuma in soya kazar nan, in zuba mata a ƙaramin kwanon. Duk sati sai ta ce zumar ta yi yawa, ita marigayiyar ba haka take yi ba. Cokali uku nake zubawa har gobe, kuma ba zan rage ba. Ranar da na rage, Hajiya ba ta da sauran dalilin cewa "ita ba haka take yi ba," ni kuwa ina son in ji ana ambaton matata a gidan nan, yaran suna ji.