Mai Hoton da Ya Kashe Rabin Layinmu

Yayana mai ɗaukar hoto ne, amma a layinmu Dodo ake ce masa, saboda littattafan ban tsoro da yake rubutawa. Wanda bai taɓa ganinsa ba zai zaci wani ƙato ne mai jajayen idanu. Siriri ne, mai arhar dariya, kuma ko ƙadangare ya faɗo masa a kafaɗa sai an yi masa fifita.

Shagonsa ciki da falo ne. A gaba akwai labule mai zanen teku, da kujera mai ƙafa ɗaya gajera, da furen roba da kowa ke riƙewa in za a ɗauke shi. Ciki kuwa ɗakin wankin hoto ne, mai jan ƙwan lantarki da warin magani. Yakan ce duk wanda ya saba kallon fuska tana fitowa a hankali a kan farar takarda cikin ruwa, wata rana sai ya tambayi kansa: in wata fuskar ta fito a bayanta fa? Daga nan littafinsa na farko ya samo asali, labarin wasu iyali da duk hoton da suka ɗauka sai a ga baƙo a ciki, kuma kullum ƙara matsowa yake.

Ni na fara karantawa. Na mayar masa na ce, "Yaya, Allah ya shirye ka. Duk hotunan ɗakina na kife su."

Ya yi murna kamar na saya masa mota.

A littafi na biyu ya saka mai askin da ke jikin shagonsa, da sanƙonsa da tarinsa, ya sa wani abu a cikin madubi ya janye shi. Sai ga mai aski ya faɗo shagon, almakashi a hannu.

"Dodo, ni ka kashe?"

Yaya ya shiga ba shi haƙuri.

"Ba kisan ne ya dame ni ba," in ji mai aski. "Tun ba a je ko'ina ba? Ko ihu ba ka bari na yi ba!"

Shi ke nan layi ya ɗauka. Tela ya roƙi a bar shi ya kai babin ƙarshe. Mai facin taya ya ce ya yarda da komai ban da rijiya, don sanyi na kama masa ƙirji. Mijina, da ba ya karanta ko jarida, ya yi ta aika ni in yi masa hanya. Ranar da sabon littafi ya fito, a bencin ƙofar shago ake taruwa da hantsi, ɗaya na karantawa, saura na jiran su ji ajalinsu, ana shewa.

Da waya mai kyamara ta zo, ciniki ya ja baya, amma Yaya bai fasa rubutu ba. Abin da ya sa ya ajiye biro shi ne rasuwar mai aski, ta gaske, bayan gajeriyar jinya. Na tambaye shi dalili, ya ce, "Da can in na kashe mutum, da safe zai zo ya yi mini tsiya."

Yanzu yana gidan babbar 'yarsa a wani gari, ido ya yi rauni. Da na je duba shi kwanaki, ya tambaye ni su wa suka rage a layin. Na lissafa masa, ban daɗe ina lissafin ba. Ya jinjina kai.

"Ki gaishe su. Ki ce musu ina nan, ina cin abinci sosai."