Daga "Ku" Zuwa "Kai"

Maƙwabciyata Odile Fabrègue waƙarta ɗaya tak ta taɓa shiga rediyo, shekara arba'in ke nan. Ta tsara ta ne saboda Gaspard, mai gasa burodin unguwarmu a garin Sète na ƙasar Faransa. A wurinmu "ku" ake ce wa baƙo, "kai" kuwa sai wanda aka shaƙu da shi. To, baiti uku Odile tana ta "ku, ku", sai a kalmar ƙarshe ta saki "kai".

Mai kamfanin faifai a Paris ya ce, "Madam, waƙar soyayya ce wannan ko takardar neman aiki? Ki gyara."

Ta ce, "Yallaɓai, ku dai gyara kunnenku."

Faifan ya fita a haka, amma bai sake nemanta ba. Ko a jikinta. Ta dawo gida, ta auri Gaspard, ta ci gaba da waƙa a bukukuwan aure.

Har yau in tana rera waƙar a shagon burodin, sai Gaspard ya tsaya cak yana saurare.

Takan ce, "Tsoho, burodinka zai ƙone!"

Yakan ce, "Ya ƙone mana. Ai ba ki kai kan 'kai' ba tukuna."