Sunan Da Mansura Ba Ta Iya Faɗa

In ka ji waƙa ta fito daga situdiyonmu na Funtua, sunan mawaƙi za ka ji, har da nawa, Hussaini mai fiyano. Na Maiwada kuwa ba za ka taɓa ji ba, alhali shi ne manaja. Da, a kamfanin gurzar auduga yake aiki. Da aka rage ma'aikata ya koma bin mawaƙa: shi ne neman wurin wasa, shi ne lallashin mazajen da suka hana matansu fita, shi ne sulhu in 'yan amshi sun yi faɗa. Shekara goma sha tara kenan. Muryarsa kuwa, Allah ya kyauta, ko yaro ba za ta sa barci ba.

Shi ya gano Mansura tana rera waƙa a gidan suna a Maska. Sawu bakwai ya yi kafin dangin mijinta su yarda, da sharaɗi ɗaya: ranar da ta zubar da kunyar gidan, waƙa ta ƙare.

Bara da kaka wani babban manomin masara a Malumfashi ya gayyace ta walimar da yake yi wa ma'aikatan gonarsa. Maiwada ya karɓa da murna. Saura kwana biyu, muna gwaji, ya miƙo takardar sunaye, na manomin a sama: Alhaji Muhammad Awwal. Mansura ta duba ta ajiye.

"Yaya Maiwada, ba zan iya ba. Sunan Alhajin nan? Ai sunan surukina ne."

Kai! Na dafe kai. Matar kirki ba ta kama sunan uban mijinta, balle a lasifika. Ta faɗa, an rufe mata baki har abada. Ta ƙi faɗa, ta wulaƙanta mai gida a gaban jama'arsa, don waƙar yabo ba suna zagi ce. Na ce 'yan amshi su faɗa mana. Maiwada ya harare ni, ya ce Alhaji bakin Mansura ya gayyata, ba na 'yan amshi ba. Haushi ya kama ni, na ce to shi da ya karɓi aiki ido rufe sai ya san yadda zai yi.

Washegari ya hau babur sai Malumfashi. Bai je wurin Alhaji ba, gidan mahaifiyarsa ya nufa, Hajiya Ummukulsum, tsohuwa tukuf. Ya durƙusa ya zayyana mata komai. Ta yi dariya har da tari.

"Yo ni ma ai ban taɓa faɗar sunan nan ba, ɗan fari ne. Ɗanasabe nake ce masa. Ni da marigayi ubansa kaɗai."

Da ya dawo da wannan, ni dai ban natsu ba. Mutum mai tarakta uku, a kira shi da sunan yarinta a gaban leburorinsa? Na ce wallahi korar kare za a yi mana. Maiwada ya ce in kama fiyanona in yi shiru.

Ranar, bayan la'asar, fili ya cika. Na kama fiyano. Mansura ta yabi gona, ta yabi masara, sannan ta ɗaga murya: "Ɗanasabe na Ummukulsum, noma gadonka ne!"

Alhaji ya miƙe, fuska ba walwala, ya nufo mu. Na hango Maiwada bayan lasifika yana share gumi da hula. Na ce shi kenan, mun kashe yarinyar mutane.

Alhaji ya tsaya gaban Mansura. "Wa ya gaya miki sunan nan?"

Ta nuna rumfar mata, inda tsohuwa ke zaune tana murmushi. Ya daɗe yana kallon uwarsa. Sai ya share ido da hannun riga.

"Tun rasuwar Baba ban ji shi a bakin kowa ba sai ita," ya ce. "Maimaita, 'yata."

Sau biyar ta maimaita. Ni kuwa sai a na uku na tuna na koma kan fiyanona.