Ranar da Umma Ta Kama Sunan Surukinta

Shekarun baya, ban daɗe da gama sakandare ba, hedimastan makarantar da mahaifiyata ke koyarwa a Koki ya yi ritaya. Makarantar ta al'umma ce, mutanen unguwa suka gina ta, amma gwamnati ke biyan malamai. Ƙa'ida a fili take: kwamitin makaranta ya miƙa sunan malamin da ya fi daɗewa kuma ya cika sharuɗɗa, hukumar ilimi ta amince. Kowa ya san Umma ce. Ni har na fara zaɓar mana atamfar anko.

Kwatsam sai ji muka yi an ba mijin yayata kujerar, shi ma malami ne a makarantar.

Ku fahimce ni da kyau. Yaya ita ce 'yar fari, ko sunanta Umma ba ta kamawa, balle na mijinta. "Yaron nan" take ce masa, ga shi da gemu har ƙirji. In ya zo gaisuwa a bakin ƙofa yake durƙusawa, ita kuma ta juya wa bango fuska ta amsa. A makaranta in ya biyo ta gabas, ita ta bi yamma. Kuma fa ɗalibinta ne tun yana aji ɗaya.

Daga baya aka tsegunta mana abin da shugaban kwamiti ya faɗa a zamansu. Dattijo ne da bai taɓa son ganin mace a kujerar ba. Cewa ya yi, "Ku ba surukinta, mu ga ta inda za ta buɗe baki." Shi kuwa mijin Yaya, dattijon kawunsa ne, ya kasa cewa a'a.

Ni ba ni da haƙuri, duk unguwa an shaida. Na dinga zagaye tsakar gida ina masifa kamar kazar da aka kwashe wa ƙwai.

"Umma, haka za ki zauna kunya ta cinye ki da ranki?"

"Rufe min baki, sarkin surutu."

Washegari sai ga ta da mayafi, ta ce in raka ta wajen lauya. Lauya ya ce kwamiti za a kai ƙara, amma dole a haɗa da wanda ke kan kujerar. Umma ta ce, "A haɗa."

Yaya ta zo gida ido jajir. "Umma, uban 'ya'yana za ki tsayar gaban alƙali?"

Umma ta dube ni, ba ita ba. "Gaya mata ba gidanta na kai ƙara ba."

Aka yi ta ɗage zama har na gaji da hanyar kotu. Ranar da Umma za ta ba da shaida, lauyan kwamiti ya taso yana murmushi. Ɗan cikin gari ne, ya san inda ƙaya take.

"Hajiya, kin ce an ba wani kujerarki. Wane ne? Ki nuna wa kotu shi, ki faɗi sunansa."

Lauyanmu ya miƙe ya ce ai sunan na cikin takardun ƙara. Alƙali ya ce a bar ta ta amsa.

Dattijon nan yana shafa gemu. Na ce a raina shi ke nan, an gama da mu. Wallahi saura kaɗan in kwaɗa sunan da kaina, masinjan kotu ya jefo min harara.

Umma ta gyara mayafi. Ta juya ta kalli mijin Yaya ido cikin ido, abin da ban taɓa gani ba tun aurensu. Ta kira sunansa, ta haɗa da na mahaifinsa, da irin muryar da take kiran yara a aji.

Bawan Allah bai san sanda ya miƙe zumbur ba. "Na'am, Malama!"

Gwaggona da ke kusa da ni ta saki salati. Yaya ta rufe fuska da hijabi. Ni kuwa, mai bakin nan, baki na saki ina kallon ikon Allah.

Umma ta ce, "Ni na koya masa riƙe fensir. Malami ne na kirki. Amma lokacinsa bai yi ba."

Kotu ta soke naɗin, ta ce a bi ƙa'ida. Umma ta samu kujerarta.

Ranar da ta fara shiga ofis na riƙe mata jaka, ina murna na samu sabuwar uwa mai faɗa wa kowa gaskiya a fuska. Sai ga mijin Yaya ya durƙusa a bakin ƙofa. "Barka da asuba, Umma."

Ta juya kujerar hedimasta sukutum ta fuskanci bango. "Lafiya lau." Sannan ta ce da ni, "Ce wa yaron nan ajinsa na jira."

Da can na ɗauka kunyar Umma tsoro ce, kamar yadda dattijon nan ya ɗauka. Ashe abarta ce, ita ta san sanda za ta ajiye, ita ta san sanda za ta ɗauka. Sunan nan kuwa, tun daga bakin kotu ban sake jin sa a bakinta ba.